Yarinyar bakin taga: yadda ƴan matan Japan suka ga yaƙi

Duk wanda ya manyanta a ƙasar nan ba sai an tuna masa da farin 1984 zuwa 1985 ba. Mu da muka zo duniya daga baya a bakin iyaye muka ji shi, galibi in yaro ya raina tuwo, nan take sai a ce masa ai ba ka ga El Buhari ba. To a cikin baƙin da suka yi ta sauka Yamai a wancan lokaci domin ganin halin da jama'a ke ciki, akwai wata mata ƴar ƙasar Japan, mai shekara hamsin da ɗoriya, da gashinta a dunƙule bisa kai kamar albasar Galmi. Ba likita ce ba, ba kuma minista ba. Aikinta magana ne a gaban makiro da kamara, kamar dai ni mai wannan rubutu, sai dai tsakanina da ita akwai nisan sama da ƙasa. Sunanta Tetsuko Kuroyanagi. A 1984 hukumar UNICEF ta naɗa ta jakadiyar yara, ita ce ta farko daga nahiyar Asiya da aka bai wa wannan matsayi. Ta fara da Tanzaniya, shekarar da ta biyo, wato 1985, ta zo Nijar.

Me zai ɗauko tauraruwar talbijin daga Tokiyo ya kawo ta cikin ƙura da zafin ranar Sahel? Ni dai a cikin littattafai na samu amsa, kuma su ne nake so mu duba yau da ku masu karatu.

Na farkonsu na ci karo da shi ne wajen masu baza tsofaffin littattafai a ƙasa, kusa da babbar kasuwar Yamai. Fassarar Faransanci ce, bangonta ya sha hannu, sunanta Totto-chan, la petite fille à la fenêtre. Asalinsa da Japananci ya fito a 1981, ya sayu fiye da miliyon 8 a Japan kaɗai, a duniya kuwa ya haura miliyon 25, har kundin Guinness ya sa shi a 2023 a matsayin tarihin rayuwar marubuci guda da aka fi bugawa. Totto-chan ita ce Tetsuko ɗin da kanta. Tana ƙarama ba ta iya faɗin sunanta daidai, sai ta ce Totto, shi kuwa "chan" ɗan ƙari ne da Japanawa ke liƙa wa sunan yaro don nuna ƙauna.

An haife ta a Tokiyo a 1933. Da aka sa ta lakkol, ko ajin farko ba ta ƙare ba aka kore ta. Laifinta kuwa, in ka ji shi, sai ka yi dariya. Teburinta na aji yana da murfi, abin ya burge ta, sai ta wuni tana buɗewa tana rufewa. In ta gaji ta tashi ta je bakin taga ta tsaya, ta kira makaɗan titi masu tallan kaya su zo su yi wa aji kiɗa ana tsakiyar darasi. Wata rana aka ji tana tambayar wani abin da yake yi, malama ta leƙa, ashe da tsattsewa take magana, suna saƙar gida a ƙarƙashin rufi. Malama ta kira uwar ta ce ta haƙura ta kai ta wani wuri. Uwar ba ta gaya wa yarinyar an kore ta ba. Sai da ta kai kusan shekara ashirin sannan ta ji.

Inda aka kai ta shi ne zuciyar littafin. Wata ƴar makaranta ce mai suna Tomoe, a unguwar Jiyugaoka, wadda wani malami mai suna Sosaku Kobayashi ya kafa a 1937. Azuzuwanta tsofaffin taragon jirgin ƙasa ne da aka jera cikin fili, ɗalibanta duka-duka wajen 50. Ranar da suka je, direktan ya sallami uwar, ya ja kujera ya zauna gaban yarinyar, ya ce ta faɗi duk abin da take so. Ta yi ta zuba har awa huɗu, bai yi hamma ba, bai katse ta ba. Ni da nake cin abinci da hira da mutane na san nauyin wannan abu. Sauraren babban mutum na minti ashirin ba tare da ka duba agogo ba ma aiki ne, balle yarinya ƴar shekara bakwai tun safe har lokacin cin abincin rana.

A Tomoe, da safe malama za ta rubuta dukan ayyukan ranar a allo, kowane yaro ya fara da wanda ransa ya fi so, ta haka ake gane inda hankalin kowa ya karkata. Abincin rana, direkta ya roƙi iyaye su riƙa sa wani abu na teku da wani abu na tudu, ko da ƙanƙane ne, ya riƙa zagayawa yana dubawa, matarsa na biye da tukwane biyu tana cike wa wanda nasa ya gaza. Da aka zo koyon noma, manomin unguwa aka ɗauko aka ce ga malaminku na yau, ba a tambaye shi takardar shaida ba. Ranar wasannin motsa jiki kuwa, kyautar wanda ya ci ita ce kabeji da karas da alayyahu, a kai gida a dafa. Akwai wani yaro Takahashi wanda girmansa ya tsaya tun yana ƙarami, direkta ya tsara wasannin yadda gajartarsa za ta zama riba, shi ne ke cinye kusan kome kowace shekara.

Labarin da ya fi tsaya mini a rai shi ne na salga. Ƴar jakar kuɗin Totto-chan ta faɗa ciki, sai ta samo ludayi mai dogon hannu ta buɗe ramin ta baya ta shiga kwasa tana tarawa gefe. Direkta ya zo wucewa, ya tambaye ta me take yi, ta gaya masa, ya wuce. Da ya dawo tulin ya yi tsawo, abin da kawai ya nema shi ne in ta gama ta maida kome inda yake. Ta kuwa maida. Ku dubi wannan, ku tuna da abin da zai faru da ɗayanmu a irin wannan hali. Ni kaina na sha bulala a firamare saboda surutu, wani mushe da ba zan kama sunansa ba har ya taɓa rubuta wa gidanmu cewa bakina ne zai kashe ni. Yau da bakin nan nake ciyar da gida. Ban riƙe shi a zuciya ba, yara fiye da tamanin ne a gabansa, shi kaɗai da alli da bulala. Kobayashi kuwa hamsin gare shi a makaranta gaba ɗaya, kuma iyayensu masu ɗan hali ne. Wannan ma gaskiya ce da bai kamata mai karatu ya manta ba in daɗin littafin ya ɗebe shi.

Sunan littafin ma da ma'ana biyu. A Japan ta ƙarshen shekarun 1970, ma'aikacin da kamfani ya gaji da shi amma bai kore shi ba, sai a kai teburinsa bakin taga a bar shi ba aiki, ana kiran irinsu mutanen bakin taga. Yarinyar da aka ture gefe ke nan.

Duk wannan fa a cikin yaƙi ake yinsa, amma sai ka ci fiye da rabin littafin kafin ka ji ƙaurinsa. Yana shigowa ne kaɗan-kaɗan, yadda yaro ke ganinsa. Alewa ta ɓace daga kanti. Mazan unguwa suna raguwa. Mai gadin makaranta da yara ke so an kira shi soja. Uban Totto-chan shahararren mai goge ne irin na Turawa, aka ce ya je masana'antar makamai ya kaɗa waƙoƙin yaƙi a ba shi shinkafa da sukari, gida ba abinci, ya yi shawara da zuciyarsa ya ce ba zai iya ba. A daren 9 zuwa 10 ga Maris 1945 jiragen Amurka kusan 300 suka zuba wa Tokiyo bama-baman wuta, mutum wajen 100,000 suka mutu a dare guda. Cikin hare-haren da suka biyo baya a wannan shekara Tomoe ta ƙone ƙurmus. Kobayashi ya tsaya yana kallon wutar yana tambayar ɗansa wace irin makaranta za su gina nan gaba. Bai sake gina ta ba har ya rasu a 1963.

Kada a ɗauka da Totto-chan ƴan matan Japan suka fara ba da labarin kansu. Abin ya kai shekara dubu. A zamanin da fadar sarki ke Kyoto, maza masu ilimi da rubutun Sinanci suke aiki, mata kuwa aka bar musu wani sauƙaƙan rubutu na harshen gida wanda har ake kira hannun mata. Da shi Murasaki Shikibu ta rubuta Labarin Genji mai babi 54 a farkon ƙarni na 11. Wata yarinya da aka haifa a 1008, ƴar wani gwamnan lardi can gabas, ta ji ƙanshin wannan labari a bakin manyan matan gidansu, ta riƙa addu'a a maida su babban birni don kawai ta karanta shi. Tana da shekara 13 suka koma, wata gwaggonta ta ba ta littafin a cikin akwati, ta shige bayan labule tana karatu dare da rana. Da ta tsufa ta rubuta tarihinta, wanda ake kira Sarashina, tana ɗan nadamar lokacin da ta ɓata kan tatsuniya. Sunanta na yanka bai iso gare mu ba, da sunan ubanta ake kiranta. Sai kuma Higuchi Ichiyo, wadda talauci da tarin fuka suka kashe a 1896 tana da shekara 24, bayan ta rubuta Takekurabe, labarin wata yarinya Midori da ke wasa da sa'o'inta a gefen unguwar karuwai ta Yoshiwara, alhali kowa ya san can za ta ƙare kamar yayarta. Matar da ta rayu cikin bashi, daga 2004 hotonta aka sa bisa takardar yen 5000, har zuwa sabbin takardun 2024.

A kan yaƙin duniya na biyu kuwa, yarinyar da aka fi sani a waje ita ce Sadako Sasaki. Shekararta biyu ranar 6 ga Agusta 1945 da bam ɗin ƙare-dangi ya faɗa Hiroshima, gidansu bai kai kilomita biyu daga tsakiyar wurin ba. Ta tsira ba ko ƙwarzane, ta girma ta zama gwanar gudu a makaranta, sai a 1955 aka gano tana da sankarar jini. A al'adarsu ana cewa wanda ya naɗe takarda ya yi siffar tsuntsun nan dangin gauraka har guda dubu, burinsa zai cika. Ta shiga naɗawa a gadon asibiti, har da takardun ƙunshin magani. Ta rasu ranar 25 ga Oktoba 1955 tana da shekara 12, abokan karatunta suka yi karo-karo da yaran ƙasar aka gina mata abin tunawa a Hiroshima a 1958.

Littafin da ya yaɗa labarinta a makarantun duniya wata marubuciya Eleanor Coerr ce ta fitar da shi a 1977. A ciki an ce 644 kawai ta samu naɗawa, ƙawayenta suka cika sauran. Danginta sun ce ba haka aka yi ba: ta cika dubun, har ta wuce, kuma ba ta warke ba. Wanta Masahiro ya sa hannu a wani littafi a 2018 domin gyara wannan. A ganina gaskiyar ta fi ƙagen nauyi. Labarin 644 yana barin yaro da tunanin cewa da ta ƙarasa da ta rayu. Na gaskiyar ba ya ba ka wannan mafaka.

Haka ma Akiyuki Nosaka, wanda a 1967 ya rubuta gajeren labarin da Isao Takahata ya maida fim na zane a 1988, wanda da yawanmu muka gani da sunan Le Tombeau des lucioles. Yaro ɗan shekara 14 da ƙanwarsa Setsuko ƴar shekara 4, bayan an ƙone birnin Kobe a Yunin 1945, uwa ta mutu, suka koma zama a wani rami, yunwa ta cinye ta a hannunsa. Nosaka ya rasa tasa ƙanwar ta haka, ita ko shekara biyu ba ta kai ba. Ya sha faɗi da bakinsa cewa shi bai yi kirkin yaron labarin ba: yakan ci rabonta, yakan buge ta in kukanta ya hana shi barci. Duk wanda ya zauna da tsofaffinmu suka saki jiki suka ba shi labarin shekarun yunwa, ya san akwai abubuwan da ba a faɗi sai murya ta yi ƙasa. A tsibirin Okinawa kuma, ɗalibai mata 222 da malamansu 18 aka kwasa a Maris 1945 aka kai su kogunan dutse su yi jinyar sojoji. Ana kiransu Himeyuri. Mutum 136 ba su dawo ba, mafi yawansu sun mutu ne cikin ƴan kwanaki bayan an ce musu an rushe ƙungiyar, kowa ta yi ta kanta, a tsakiyar ruwan wuta. Ɗaya daga malaman da suka tsira, Seizen Nakasone, shi ya tattara shaidar waɗanda suka rage ya buga.

To sai dai akwai abin da ya daɗe yana damuna game da waɗannan littattafai, duk da son da nake musu. In ka karanta su a jere, sai ka ɗauka yaƙin nan daga sama ya faɗo wa Japan kamar fari ko ambaliya. Yarinya tana ganin jirgin da ya ƙone makarantarta, amma ba ta ganin abin da sojan ƙasarta ya yi a Nankin a Disambar 1937, ba ta kuma san cewa tun 1910 ƙasarta ke mulkin mallaka a Koriya ba. Ba laifinta ba ne, iyakar ganinta ke nan. Amma babba da ya tsaya nan, shi da laifi. Alƙali ba ya yanke hukunci da jin bakin mutum guda.

A cikin Totto-chan akwai ƴar ƙofa guda da aka buɗe. Wani yaro ɗan Koriya a unguwarsu, Masao, in ya gan ta sai ya jefe ta da kalmar "ƴar Koriya" a matsayin zagi, domin shi da ita ake zaginsa kullum, har ya ɗauka ashar ce. Uwar Totto-chan ta yi hawaye, ta ja mata kunne kada ta taɓa bambanta yaro saboda ƙasarsa. Shafi biyu ko uku ne, aka wuce. Ba a faɗi abin da ya kawo iyayen Masao Tokiyo ba.

Rigimar ta fito fili a kan wani littafin, na Yoko Kawashima Watkins, wanda ya fito a Amurka a 1986. Ta ba da labarin yadda tana da shekara 11 ta gudo daga arewacin Koriya da uwarta da yayarta a 1945, cikin tsoro da wahala. Shekara da shekaru ana koyar da shi a makarantun Amurka, sai a 2006 da 2007 iyaye ƴan asalin Koriya suka tashi, suka ce an nuna ƴaƴan masu mulkin mallaka a matsayin waɗanda aka zalunta, ƴan ƙasa kuma su ne mugaye, ba tare da an gaya wa yara abin da ya gabata ba. Wasu makarantu suka cire shi. Ni ban ga hikimar cirewar ba, domin wahalar yarinyar ba ƙarya ba ce. Abin da ya dace shi ne a ajiye masa abokin zama.

Abokin zaman kuwa akwai shi. A ranar 14 ga Agusta 1991 wata tsohuwa ƴar Koriya, Kim Hak-sun, ta fito gaban ƴan jarida ta faɗi yadda aka tsare ta tana budurwa a gidajen da sojojin Japan suka tanada domin biyan buƙatarsu da mata. A 1993 gwamnatin Japan, ta bakin kakakinta Yohei Kono, ta amsa cewa sojoji na da hannu, ta nemi gafara, ko da yake har bayan nan ƴan siyasar ƙasar sun yi ta ja da baya kan batun. A 2017 wata mai zane, Keum Suk Gendry-Kim, ta fitar da littafin zane kan rayuwar ɗaya daga cikin matan, Lee Ok-sun, an fassara shi da Faransanci da sunan Les Mauvaises Herbes. Ƴar talakawa ce daga birnin Busan, ƴan shekaru kaɗan ta girmi Totto-chan. Babban burinta tana ƙarama shi ne a sa ta makaranta. Iyayenta suka ba da ita riƙo bisa alkawarin za a sa ta, aka maida ta ƴar aiki. A 1942 aka sace ta a kan hanya aka kai ta ƙasar Sin. Ba ta koma zama ƙasarta ba sai a shekarar 2000. Ƙarƙashin tuta guda suke da yarinyar taragon jirgi, a shekaru guda.

Abin da ya sa har yanzu nake girmama Kuroyanagi shi ne ita ba ta wanke kanta ba. A Oktoban 2023, tana da shekara 90, ta fitar da ci gaban littafinta bayan shekara 42. A ciki ne ta buɗe abin da na farkon ya rufe: ranakun da uwarta ke ba ta ƙwayar waken soya 15 a ambulan, abincin wuni ke nan, tana lissafin nawa za ta ci da safe nawa za ta rage, gudun hijira zuwa Aomori can arewa, ubanta da aka ɗauka soja a 1944, Rashawa suka tsare shi a Siberiya, bai dawo ba sai 1949. Ta kuma faɗi wani abu da ta daɗe tana maimaitawa a hirarrakinta. In za a raka sabbin sojoji tashar jirgi, akan raba wa masu kaɗa tuta ɗan yankin busasshen naman teku, kamar kilishi. Saboda wannan ɗan yanki take rugawa ta kaɗa tuta ta yi musu kirari. Da ta girma sai ta riƙa tambayar kanta ko cikin samarin nan akwai wanda ganin yara na murna ya ƙara masa ƙarfin zuciya ya tafi bai dawo ba. Ta ce wannan shi ne nata alhakin yaƙin. Yarinya ce da ba ta kai shekara goma sha biyu ba, yunwa ce ta kai ta.

Kuɗin da littafin farko ya kawo ta kafa gidauniya da su, wadda ke horar da kurame wasan kwaikwayo. Shirinta na hira a talbijin, wanda ta fara a Fabrairun 1976, ya wuce fitowa 12,000 a 2023, shi ma yana cikin Guinness. A tsakanin ɗaukar shirye-shiryen nan ne take ware kwanaki ta tafi inda yara ke mutuwa: Mozambik, Angola, Iraƙi, Habasha, Sudan, Ruwanda, Haiti, Bosniya. A 1997 ta tattara tafiye-tafiyen shekara goma sha uku na farko cikin littafi guda, ta sa masa suna Totto-chan da sauran Totto-chan, wato yaran da ta gani. Babi na biyu a ciki na Nijar ne.